Daga Zaure Zuwa Turaka: Ƙofar Kwamfuta da Idon Kyamara a Arewacin Zamfara

A gidan kakana da ke Zurmi, baƙo ba ya wuce zaure. In ya iso sai ya yi sallama ya tsaya. Yaro ya leƙo ya tambaye shi wa yake nema, sannan ya koma ciki ya faɗa. Tsakanin sallamar baƙo da fitowar maigida akwai ɗan jinkiri da bai wuce minti biyu ko uku ba, amma a cikinsa ne mata ke jawo mayafi, a kawar da kwanon tuwo, a ja ƙyauren rumbu, shi kuma maigida ya yanke shawarar ko yana nan ko ba ya nan. Ban san darajar wannan jinkiri ba sai da na girma na shiga sana'ar gyaran kwamfuta, na tarar da irinsa a cikin na'ura. Daga nan na zauna ina kallo har ya ɓace daga na'urar, ya kuma soma ɓacewa daga gidajenmu. Tarihin wannan ɓacewa nake so in bayar, gwargwadon yadda na gan shi tsakanin Ƙauran Namoda, Shinkafi da Zurmi.

A shekarar 2006 aka kai ni Ƙaura koyon aiki. Gari ne da ya saba karɓar baƙin abubuwa. Sunansa ma na mayaƙi ne, Namoda, jarumin Alibawa da ya yi yaƙi a ɓangaren Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo. A 1929 layin dogo da ya taso daga Zariya ya ratsa Gusau ya zo nan ya tsaya, aka yi ta lodin gyaɗa da auduga zuwa kudu. A 1983 kuma aka kafa Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya, wadda ta tara ɗalibai daga kowace kusurwa ta Najeriya. Su ne suka jawo sana'armu, domin kowane ɗalibi yana da kundin kammala karatu da za a buga masa. Shagon maigidana ɗaki ɗaya ne mai kwamfutoci huɗu 'yan gwanjo, da injin gurza takardu, da ƙaramin janareta da ke ɗaure da sarƙa a bakin ƙofa. Oga muke ce masa, shi kuma bai taɓa kirana da sunana ba, sai dai “ɗan Zurmi”.

Darasin farko da ya ba ni bai shafi buga rubutu ba. Ya kashe kwamfuta ya ce in faɗa masa abin da ta sani a wannan hali. Na ce ta san duk abin da aka zuba mata. Ya ce ƙarya ne, ba ta san ko sunanta ba. Kwamfutar da ke kashe kamar gida ne cike da kaya amma babu wanda ya farka. A kwamfutocin wancan lokaci, da an danna maɓalli, wata 'yar manhaja da aka dasa a jikin allon na'urar, wadda ake kira BIOS, ita ce ke fara motsi. Ta duba ƙwaƙwalwa, ta duba madannai, sannan ta je farkon rumbun ajiya ta karanta yanki ɗaya tak mai bayit 512. In an ƙaddara bayit ɗaya harafi ɗaya ne, to duka yankin bai kai tsawon wannan sakin layi ba. A ciki, 446 umarni ne na abin da za a yi gaba, 64 taswira ce ta yadda aka kasa rumbun, wadda ba ta ɗaukar fiye da kashi huɗu, biyun ƙarshe kuma hatimi ne da ke shaida cewa yankin na gaske ne. Wannan tsari ya zo da manhajar PC DOS 2.0 ta kwamfutocin IBM a 1983, wato shekarar da aka buɗe kwalejin Ƙaura. Masu gyara suna kiran duk wannan hidima “butin”, kuma rabin masu kawo mana aiki kukansu ɗaya ne: ta ƙi yin butin.

A kan wannan ɗan yanki ne ake zaunar da abin da na laƙaba wa suna mai tsaron zaure. Aikinsa ya tsayar da kai kafin ka shiga, ya jera maka babbar manhaja fiye da ɗaya, ya ce ka zaɓa. Na farko da ya yi suna a duniyar Linux shi ne LILO, wanda Werner Almesberger ya rubuta a 1992. Yana da wata ɗabi'a da na so ƙwarai: haruffan sunansa huɗu yake fitarwa ɗaya bayan ɗaya, kowane harafi alamar an haye wani mataki. In ya tsaya a “LI” ya yi shiru, mai gyara ya san daidai inda ƙafa ta karye. Bayansa GRUB ya zo, wanda Erich Boleyn ya fara a 1995, ya kuma zama shi ne gama-gari. Fuskarsa baƙa ce, rubutunsa fari, a ƙasa kuma akwai lissafin daƙiƙoƙi da ke raguwa. In ba ka taɓa komai ba har suka ƙare, sai ya shigar da kai inda aka saba.

Yadda GRUB ya iso Ƙaura ma abin a faɗa ne. Kamfanin Canonical na Mark Shuttleworth, mutumin Afirka ta Kudu, ya fitar da Ubuntu a Oktoban 2004, ya kuma riƙa aika faifansa kyauta ta gidan waya zuwa duk inda aka roƙa a duniya, har zuwa 2011. Wani ɗalibi ya cike mana takardar roƙon a shagon intanet, muka manta da zancen. Bayan makonni sai ga ambulan daga Turai da sunan shagonmu. Oga ya juya shi gaba da baya yana neman inda aka rubuta kuɗin da za mu biya, bai gani ba, ya ce lallai akwai lauje cikin naɗi. Duk da haka ya bar ni na ɗora shi a kwamfuta ɗaya, gefe da gefe da Windows XP.

A kan wannan kwamfutar na yi ɓarnata ta farko. Wata rana na sake ɗora Windows ba tare da na san cewa yin haka yana sake rubuta yankin nan na farko ba. Da na kunna, baƙin allon zaɓi ya ɓace, ɓangaren Linux kuma babu shi babu alamarsa, alhali a can na adana kundin wata ɗaliba, shafi fiye da saba'in da na kwana uku ina bugawa. Gumi ya karyo mini. Oga ya zo ya tsaya a kaina.

“Mi yak kai ka, ɗan Zurmi?”

Na ce na goge komai. Ya yi dariya, ya saka faifan Ubuntu, ya tada kwamfutar daga kansa maimakon daga rumbu, ya buga layi uku ko huɗu. Sai ga allon ya dawo, ga kundin yarinya ko waƙafi bai ɓata ba.

“Gida na nan,” in ji shi. “Zaure kawai ka rushe.”

Murnata ba ta daɗe ba, domin a wannan rana na gane ɗaya fuskar al'amarin. In faifai zai iya tada kwamfuta ba tare da ya bi ta ƙofar da mai ita ya kafa ba, to kalmar sirrin da ya saka ba ta tsare komai. Kalmar sirri tana ƙofar ɗaki ne, mai faifai kuwa ta katanga yake haurawa. A kwamfutocin wancan zamani, waɗanda ba a cika rufe abin da ke rumbunsu da lambobin ɓoye ba, duk wanda ya mallaki butin ya mallaki asirin gida. Masu mugun nufi sun riga mu sanin haka da daɗewa. Tun a 1986 wasu 'yan'uwa biyu a Lahore ta Pakistan, Basit da Amjad Farooq Alvi, suka rubuta ƙwayar cutar kwamfuta da aka sani da Brain, wadda ke maƙalewa a yankin butin na faifai, har suka sa adireshinsu da lambar wayarsu a ciki.

Jarrabawata ta zo ta hannun wani ɗan kasuwa daga Shinkafi, cikin masu hada-hada a babbar kasuwar nan ta ranar Alhamis da ke tara fatake har daga Jamhuriyar Nijar. Ya kawo kwamfutar hannu da ta ƙi tashi, ya ce lissafin bashinsa duk yana ciki. Na tada ta da faifai, na shiga neman takardun. Ina cikin buɗe jakunkuna sai hotuna suka bazu a allo: amaryarsa ce a ɗakinta, ba mayafi, da lalle a hannu, tana dariya irin wadda mace ba ta yi sai a gaban mijinta. Matar da ko muryarta ban isa in ji daga zaure ba, ga ni a turakarta. Ba zan yi wa kaina shaidar zur ba, ban rufe nan take ba. Oga ne ya miƙo hannu ta bayana ya juya allon ya fuskanci bango.

“Wanga ba shagonmu ba ne,” ya ce a hankali. “Ɗakin mutum ne. Kwashe mishi lissafinai ka fito.”

A lokacin ban san cewa a wata nahiyar wasu sun riga sun yi shekara goma suna rushe bangon ɗakunansu da hannunsu ba. Abin ya faro ne daga tukunyar gahawa. A 1991 ma'aikatan sashen kwamfuta na Jami'ar Kambirij a Ingila suka gaji da tattaki zuwa inda tukunyar take su tarar ta ƙare, sai Quentin Stafford-Fraser da Paul Jardetzky suka kafa mata kyamara don kowa ya leƙa daga teburinsa. A 1993 aka haɗa hoton da intanet, mutanen duniya suka yi ta kallon tukunya tana cika tana raguwa. An kashe kyamarar a Agustan 2001, watan da wayar salula ta GSM ta fara aiki a Najeriya.

Daga tukunya aka koma kan mutum. A Afrilun 1996, watanni kaɗan kafin a yanke Jihar Zamfara daga Sakkwato ranar 1 ga Oktoba, wata ɗaliba 'yar shekara 19 mai suna Jennifer Ringley, a Kwalejin Dickinson da ke Jihar Pennsylvania ta Amurka, ta ɗora kyamara a kan kwamfutar ɗakin kwananta. Duk bayan minti uku sabon hoto ya tafi shafinta, JenniCam, dare da rana. Ana ganinta tana karatu, tana barci, tana cin abinci, har da abin da bai kamata ido ya gani ba. Mafi yawan lokaci kuwa ba komai a hoton sai gado da kujera, amma jama'a suka yi ta tururuwa. Na daɗe ina tunanin wannan al'amari. A ganina ba tsiraici ne kaɗai ya riƙe masu kallo ba. Abin da ya riƙe su shi ne jin cewa sun shiga gidan mutum ba sallama, kuma ba wanda ya ce musu kanzil. Ta yi fiye da shekara bakwai a haka, sannan a ranar ƙarshe ta 2003 ta rufe shafin ta koma rayuwar da ba kowa ke gani ba. Ko me za a ce game da tarbiyyarta, abu ɗaya ya tabbata: ita ta kunna, ita ta kashe.

A Maris na 2007 Justin Kan ya ɗaura kyamara a hularsa a San Francisco, ya soma watsa rayuwarsa kai tsaye, da motsi da murya, a shafin Justin.tv. Ba a jima ba wani cikin masu kallo ya kira 'yan sanda da rahoton ƙarya, suka faɗa gidan da bindigogi, duniya na gani. Tun daga nan aka ga cewa mai kallo ba ido kaɗai gare shi ba, yana da hannu. Daga wannan shafi ne Twitch ya fito a 2011.

Wannan shekara ta 2007 ita ce kuma shekarar da ƙasar Hausa ta ɗanɗana nata. Wani bidiyon sirri na wata jarumar fim, wanda aka ɗauka da waya, ya fita daga hannun masu shi, ya bazu daga Kano zuwa ko'ina. Ba ta intanet ya zo mana Ƙaura ba, ta Bluetooth ya zo, daga waya zuwa waya, a tashar mota da teburin mai shayi. Hukumar tace fina-finai ta Jihar Kano ta dakatar da ɗaukar fim na tsawon watanni, aka naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim shugabanta, masana'antar ta shiga wani hali. Samari sun yi ta zuwa shagonmu suna neman a tura musu, Oga ya kore su. Bambancin da ke tsakanin wannan baiwar Allah da Ringley shi ne bambancin da ke tsakanin wanda ya buɗe ƙofarsa da wanda aka ɓalle wa ƙyaure. Mu ta ɓallalliyar ƙofa muka shiga wannan zamani.

Bayan haka abubuwa suka yi sauri. Shagunan intanet suka mutu, waya ta gaje su: Opera Mini, 2go, Facebook, WhatsApp. Ita ma waya tana da mai tsaron zaurenta, amma masu ƙera ta sun kulle shi sun ɓoye. Ba ta nuna baƙin allo, ba ta ƙirga daƙiƙoƙi, ba ta tambayarka inda za ka. Ba a ma kashe ta, ballantana a jira ta tashi. Da Facebook ya buɗe wa kowa damar watsawa kai tsaye a 2016, sai “layif” ya shiga bakin mutane. Ba zan yi butulci in ce bai yi rana ba. A bikin ƙanwata, yayanmu da ke aiki a Fatakwal ya ga kamu da sa lalle yana zaune a ɗakinsa, Inna ta yi masa magana ta waya tana kuka tana dariya. Amma na lura cewa wayar da ta kai masa hoton ta ratsa zaure, ta wuce tsakar gida, ta shiga ɗakin amarya, ba wanda ya ce a dakata a jawo mayafi. Yarinya 'yar shekara goma sha biyar ce ke riƙe da ita.

A wani wurin da abin zai tsaya ne a gardamar kunya da tarbiyya. A arewacin Zamfara ya zama zancen rai. Da satar shanu ta rikiɗe ta koma garkuwa da mutane, ƙauyukan Zurmi da Shinkafi suka shiga sahun gaba na masu shan wuya, sai kowane hoto ya zama takardar lissafi. Akwatunan lefe da aka jera, sabon babur, buhunan gero a bakin rumbu, ɗan gida da ya dawo daga birni da mota: duk wanda ya gani yana iya ƙiyasta nawa za a nema in an ɗauke mutum. Kalmar “infoma” ta shiga kowane gida. Na halarci ɗaurin auren da aka roƙi jama'a kada kowa ya ɗaga waya, na ga attajirin da ya goge hotunansa kaf ya koma sa tsohuwar riga. Ɓoye ni'ima da kakanninmu ke yi don kunya da gudun baki, tsoro ya dawo mana da shi.

Abin takaicin shi ne yadda al'amarin ya juye. Mutanen gari suka ɓuya, mutanen daji suka fito fili. Bello Turji, wanda sunansa ya zama abin firgita yara a yankin Shinkafi, ya riƙa fitar da bidiyo yana yi wa hukuma da sarakuna magana. Daga baya aka ga 'yan bindiga a TikTok suna layif, bindiga a kafaɗa, damman kuɗi a gaba, wasu masu kallo har suna aika musu lambar asusun banki. Al'adar da ta fara da tukunyar gahawa da ɗakin ɗaliba, ga inda ta sauka a wurinmu: wanda aka sayar da gonarsa aka biya fansa yana iya ganin kuɗinsa a allon waya.

Ranar 3 ga Satumba, 2021, Hukumar Sadarwa ta Ƙasa, NCC, ta umarci kamfanonin waya su rufe sabis a faɗin Jihar Zamfara, bisa roƙon gwamnatin Bello Matawalle, don a yanke hulɗar 'yan bindiga da masu kai musu rahoto. An ce mako biyu ne. An kuma rufe kasuwannin mako, har da ta Shinkafi, an hana sayar da mai a jarka. Daga baya matakin ya shafi wasu ƙananan hukumomin Katsina da Sakkwato. Gusau ta samu sabis a farkon Oktoba, mu kuwa sai wajen ƙarshen Nuwamba. A tsakanin nan masu POS suka rufe, kuɗin da 'ya'ya ke turo wa iyaye ya tsaya, aka koma ba direbobi wasiƙa kamar zamanin jirgin ƙasa. Mutum ya biya kuɗin mota zuwa wata jiha don ya ce wa ɗansa yana raye. Na kusa da iyaka suka riƙa hawa tudu suna farautar sabis ɗin Nijar. In an kai hari ƙauye, ba halin a gargaɗi na gaba, labarin ma sai ya kwana biyu kafin ya fita. Har yau ana gardama kan ko matakin ya yi amfani. Abin da ni na gani shi ne, shekara goma sha biyar ina taƙama na san ƙofar kowace na'ura, ashe babbar ƙofar tana jikin dogon ƙarfen da ke bayan gari, mabuɗinta kuma yana Abuja.

A cikin waɗannan makonni ina Zurmi wurin Inna, ba aiki. Wata rana da yamma na jawo tsohuwar kwamfutar shagonmu, wadda Oga ya bar mini kafin rasuwarsa, na kaɗe mata ƙura, na tada janareta da ɗan man da ya rage. A cikinta akwai hotunan da ba su taɓa hawa intanet ba: Baba a gona, kasuwar Shinkafi cike maƙil, ƙauyen kawunnaina da yanzu ba kowa a cikinsa. Na danna maɓalli, fanka ta yi ƙara, baƙin allon ya fito da layukansa, lissafi ya soma daga goma. Inna ta matso da tabarmarta ta ƙura ido.

“Mi take jira?”

“Jira take a faɗa mata ɗakin da za a shiga, Inna.”

“To dakata,” ta ce. Ta aiki jikanta ya sakaya ƙofar zaure, ta gyara mayafinta. Na danna kibiya, lissafin ya tsaya a huɗu, muka jira yaron ya dawo.